Sebati Rout, Wadda Ta Ƙi Sakin Gonar Mijinta

Da hantsin ranar Talata, sha huɗu ga Nuwamba, 2023, ana tsakiyar azumin Kartika, watanmu mai tsarki, Inna Sebati Rout ta rasu a ɗakinta na ƙauyen Haladipur bayan gajeriyar jinya. Ina bakin rijiya ɗiyarta Jayanti ta aiko a kira ni. Kafin in iso rai ya yi halinsa.

Inna, ni ce Pramila maƙwabciyarki. Ba jininki ba ce ni, amma ban san wata uwa a garin nan ba bayan ke, shi ya sa na ga ba zan iya yin shiru ba.

Ba ki kai shekara talatin ba maciji ya sari mijinki Gangadhar a gonar shinkafa. Bisa al'adarmu ga wadda mijinta ya mutu, aka farfasa miki awarwaro, aka goge jan garin aure da ke tsagar gashinki, aka ɗaura miki farin zanen da ba ki sake rabuwa da shi ba. 'Ya'yanki biyu, duka mata. Ko gama sadakar mamaci ba a yi ba ƙanen mijinki Dibakar ya tara dattawa a tsakar gida, ya ce gona ta mazan gida ce, ke kuwa ci da sutura ba za su gagare ki ba muddin kina raye. Waɗanda suka halarta sun ce ba ki ɗaga kai ba, kika amsa daga bayan mayafi: "Ƙanena, na gode da abincin. Amma rabon yayanka nawa ne da 'ya'yansa, ni zan noma shi."

Daga ranar ba ki ƙara samun sakewa ba. A wurinmu mace ba ta riƙe garmar shanu, sai Dibakar ya bi masu shanu gida-gida ya hana su shiga gonarki. Kika ɗauki fartanya, ke da yara biyu, kuka yi ta sara har hannuwanku suka fashe. Da shinkafa ta nuna, Dibakar ya sa aka girbe ta kina kallo. Bayan haka aka fara raɗa cewa ke mayya ce, ke kika cinye mijinki. Matan da kuka yi wasan ƙasa tare suka riƙa janye 'ya'yansu idan kin gifta. Ƙaramar ɗiyarki ta rasu a damina ta uku, 'yan kaɗan ne suka zo miki gaisuwa, ita ma aka ce ke ce.

A cikin wannan hali na san ki. Mijina ya tafi kamun kifi a teku bai dawo ba, ina da goyo. 'Yan'uwansa suka sa ranar da zan dangwala yatsa a takardar da ban iya karantawa ba, kowa kuma ya san ta sallama gona ce. Da sassafe kika shigo ta ƙofar baya, ke da ake gudu. Kika kama babban yatsana kika shafe shi da kurkum, kika naɗe da tsumma har ya zama kamar kan rogo, kika yi wa ɗayan haka. Da surukina ya zo da takardar kika ce masa, "Baba, yarinyar nan shashasha ce, tukunyar mai ta rungumo da hannu biyu. Sai ta warke." Ya ce, "Yaushe za ta warke?" Kika ce, "Ƙunar gwauruwa ai tana daɗewa." Washegari kika kai ni wurin wata lauya a birni. Gonar da nake ci yau, da ita na aurar da ɗana, albarkacinki ce. Ni kaɗai na san mata bakwai da kika raka wannan hanya, kina riƙe musu jarirai a barandar kotu, kina raba musu jiƙaƙƙiyar shinkafar da kika ƙullo don kanki.

Taki shari'ar da Dibakar, wanda ya ƙwace gonar, ita ce ta ƙi ƙarewa. Doka tana bayanki tun farko, amma yau a ɗage, gobe alƙali ya canja, jibi lauyan Dibakar ba shi da lafiya. Kika sayar da 'yan kunnen aurenki, kika yi sussuka a gidajen mutane. Kin shiga kotu da baƙin gashi, aka yanke hukunci kina dogara sanda. Kafin nan Dibakar ya mutu, 'ya'yansa kuma sun haƙe gonar sun cika ta da ruwan gishiri suna kiwon jatan lande.

Ina tare da ke ranar da aka miƙa miki gonar. Babu komai sai busasshen taɓo da farin gishiri a kansa, ko ciyawa ba ta fito ba. Kika durƙusa kika ɗanɗana ƙasar. Na fashe da kuka, sai kika ce, "Pramila, share hawayenki, gishirin wurin nan ya isa haka." Damina biyu kina fasa kunya don ruwan sama ya wanke ta. Bana ne shinkafa ta kama a kusurwa ɗaya, wuri kamar faɗin tsakar gida. Ba ki ga girbinta ba.

Ko gawarki ba a bari ta huta ba. A bakin kogi, an jera itacen ƙona gawa an ɗora ki, sai ga Niranjan, babban ɗan Dibakar, wanda bai leƙo ki a jinya ba, ya miƙa hannu zai karɓi wuta. Ya ce tunda ba ki da ɗa namiji, shi ne magajin gidan. Kowa ya gane inda ya nufa, domin wanda ya kunna wutar mamaci gobe zai ce shi ne mai gado. Jayanti, wadda ta biyo gawa duk da an ce mata su tsaya a gida, ta sha gabansa ta ce, "Yaya, hannun da ya zuba mata gishiri ba zai sa mata wuta ba." Limamin haikali ya dubi dattawa, babu wanda ya ɗaga ido. Ya miƙa mata wutar. Ta zagaya ki, ta kunna. Mako bai cika ba muka ji su Niranjan sun ɗaukaka ƙara. Yanzu ita za ta zauna a barandar da kika tsufa a kai.

Inna, Ubangiji Jagannath ya yi miki rahama, ya yafe kurakuranki, ya ba ranki salamar da ba ki samu a nan ba. Idan an ƙaddara za a sake haihuwarki a duniya, ya sauke ki a gidan da ba za a kore ki ba.

Ina miƙa ta'aziyyata ga Jayanti da mijinta da jikokinki, da dukan matan da kika tsaya wa. Ubangiji ya ba mu haƙuri, ya ƙarfafa zuciyar Jayanti. Ranar da za ta koma kotu, ba za ta tafi ita kaɗai ba.