Ba'indiyen da Muka Zaci Salla Yake Yi

Shekarar da fari ya yi tsanani, ni da yayana muna yasar rijiyoyi a ƙauyukan Roni. Ruwa ya yi ƙasa, sai mutane su kira mu mu ƙara wa tsofaffin rijiyoyi zurfi. Sana'ar da muka gada ke nan. Kafin mu shiga mukan zura fitila da igiya, in ta mutu a ƙasa mun san iskar ciki ba ta da kyau. Ranar da abin ya faru fitilar ba ta mutu ba, muka sauka mu biyu. Yaya ya kafa dagi ya ɓamɓare wani dutse, sai wani wari ya taso kamar na ruɓaɓɓen ƙwai. Ƙafafuna suka saki, na kifa da fuska a cikin laka. Abin da nake iya tunawa shi ne hannunsa yana ɗaura mini igiya a ƙugu, yana cewa, "Riƙe numfashinka, kada ka shaƙa." Aka jawo ni sama. Da aka mayar da igiyar, babu wanda ya kama ta.

Daga nan sujada ta gagare ni. Tsayuwa lafiya, ruku'u lafiya, amma da goshina ya kusanci ƙasa sai in ji ƙanshin danyar laka, ko da a kan tabarma nake, sai in ji muryar yaya a bayan kunnena tana faɗin maganar nan. Ƙirjina ya kulle, in zabura in ɗago kafin in yi tasbihi. A gida ina dangwala goshi kamar kaza tana tsattsagar tsaba. A jam'i kuwa nakan riga liman ɗagowa, mutane suna kallona ta wutsiyar ido. Na sha rubutu, an yi mini turare, an yi sadaka. Daga baya na daina shiga sahu, na koma yin sallata ni kaɗai a bayan ɗaki, kuma ban san ko tana karɓuwa ba. Wannan shi ya fi ci mini rai.

Na bar haƙa. Da kuɗin man fetur ya shigo aka yi ta gina makarantu, na samu aikin lambu a wata makarantar kwana a Kazaure. A can ne ma na shiga ajin yaƙi da jahilci da la'asar. Malamai da yawa a lokacin Indiyawa ne. Akwai wani siriri mai furfura da ke koyar da lissafi, ni nake ba wa shukokin gidansa ruwa da safe.

Kullum rana na fitowa zai shimfiɗa bargo a tsakar gida, ya fuskanci gabas, ya ɗaga hannuwa, ya sunkuya, ya durƙusa ya kai goshinsa ƙasa. Na gaya wa sauran ma'aikata, muka taru a kan cewa mutumin nan ya musulunta a ɓoye, amma bai samu mai koya masa ba. Ba mu ga yana alwala ba, ga shi kuma yana salla daidai fitowar rana, lokacin da aka hana. Muka tausaya masa. Aka ce ni da nake shiga gidan in yi masa gyara cikin ladabi. Na ji nauyin abin, ni da tawa sujadar ba ta tsayu ba, amma na tafi.

Kukunsa wani Kirista ne daga wajen Filato, mai barkwanci, shi ya yi mana tafinta. Da ya ji saƙona sai da ya dafa bango don dariya. Ya ce, "Mai lambu, kai da ka zo ba fulawa ruwa, yau ka zama alƙali?" Malamin bai yi dariya ba. Ya ce a yi mini godiya, amma ba salla yake yi ba, abin sunansa yoga, motsa jiki ne da gyaran numfashi irin na ƙasarsu. Sai ya tsaya yana kallon ƙirjina. Ya ce ya daɗe yana lura da ni in na sunkuya da bokiti: ina jan iska, amma ba na sakinta duka, kamar mai jiran a ba shi izini. Ban ba shi labarin rijiya ba. Na ɗauki bokitina na fita.

Na yi kwanaki ina juya maganar kafin na je wurin limamin unguwarmu, na tambaye shi ko ya halatta in koyi abin nan a wurin Ba'indiyen. Ya tambaye ni ko akwai abin da ake faɗa wa rana, ko wani suna da ake kira. Na ce ni dai ba a ce in faɗi komai ba. Ya ce in miƙa ce da numfashi, ai ko jaki yana miƙa, amma kada in yi da fitowar rana, kada kuma in fuskanci gabas, don kada zuciya ta haɗa abin da salla. Na kai wa malamin sharaɗin, ya ce numfashi bai san gabas da yamma ba. Muka koma yi da hantsi ranar da babu aji, muna kallon kudu, wajen duwatsu.

Bai fara da ni daga ƙasa ba. Zama ya koya mini, baya a miƙe, in ja iska ta hanci, in sake ta a hankali har cikina ya lafe. Sakin shi ne wuyar. Duk lokacin da iskar ta kusa ƙarewa sai in ji kamar ina saɓa wa yaya, kamar yana tsaye a bayana da laka a jikinsa yana kallon yaron da bai ji magana ba. Damina ta wuce muna wannan zaman. Sannan ya sa ni durƙuso, in miƙa hannuwa gaba, in sauke kai a kan matashi, daga baya a kan bargo ninki biyu, daga baya bargon kawai. Sau da yawa nakan zabura. Shi kuwa sai ya ci gaba da nasa numfashin da ɗan ƙarfi yadda zan ji, har in dawo in bi shi. Kuku yana leƙowa ta taga yana cewa in na gama zama Ba'indiye ga tumatir can yana ƙishi.

Muryar yaya ba ta tafi ba. Har yau, in hadari ya taso ƙasa ta fara ƙanshi, tana zuwa. Abin da na koya shi ne in ji ta, in bar iskar ta fita duk da haka.

Kwangilar malamin ta ƙare ya koma ƙasarsu. Bayan tafiyarsa, wata Juma'a da aka kwana ana ruwa, na yi wanka na tafi masallaci. Ciki ya cika, na samu wuri a waje a kan jiƙaƙƙiyar ƙasa, babu ko buzu. Aka matse sahu, kafaɗa da kafaɗa, babu hanyar fita. Liman ya yi kabbarar sujada, na sauka tare da mutane. Sanyin ƙasar ya taɓa goshina, duhu ya rufe ni, ƙirjina ya fara kullewa. Na saki iskar a hankali ta hanci, har na ji tana motsa yashin da ke gaban fuskata. Na yi tasbihi. Na sake yi. Ban ji kabbarar ɗagowa ba, sai da wani dattijo da ke damana ya zungure ni da gwiwar hannu.

Da aka sallame ya juyo yana hararata. Ya ce, "Kai, ɗan nan, liman ake bi. Barci ka yi a ƙasan?"

Na ce, "A gafarce ni, Baba. Na daɗe ban zo ba ne."

Ya ce to in share goshina, duk laka ce.