Ɗorawar Iya da Wuta-wutar da Na Shuka

Ranar wata Laraba, shekarar da na shiga aji huɗu, na dawo daga makaranta na tarar da ɗorawar Iya kwance a ƙasa, mutum uku suna daddatsa rassanta. Iya, kakata, tana tsaye riƙe da ƙwaryar kalwa. Ba ta yi kuka ba, ni na yi mata.

Tun zamanin kakana aka sayar wa mai garinmu na kusa da Zakirai gonarmu da ɗorawar ke ciki, amma ban da bishiyar. Haka ake yi a wurinmu: ƙasa ta mai saye, itace na mai shi. A inuwarta muke 'yar carafke, mu sha garin ɗorawa har bakinmu ya yi ɗorawa shar, Iya kuma da kalwarta take daddawar da ake nema har Gezawa. Da mai gari ya rasu, ɗansa ya gaji rawani da gonaki. Lauya ne a Kano, mai farin tabarau, wanda bai san bambancin gero da maiwa ba. Ya ce bishiyar tana tare wa tarakta hanya. Da Iya ta tuna masa alkawarin, sai ya tambaye ta takarda. "Babanka ne takardata," in ji ta. Ya yi murmushi ya ce, "To Iya, ai an binne ta."

Na tsane shi, tsana irin ta yaro wadda ba ta san gajiya ba. Da kaka ta yi, na bi gonakin da wuta-wuta ta cinye, ciyawar nan mai jan fure da ke shanye dawa tun daga saiwa. Na karkaɗe busassun kawunanta a gwangwanin madara, iri laushi kamar garin kuka. Kullum a hanyar makaranta sai na zura hannu ta wayar shingensa na watsa. Kaka biyu ina wannan aiki, da himmar da ban taɓa yi wa share tsakar gida ba. A damina ta uku gonar ta yi ja, dawarsa ko ƙuguna ba ta kai ba. Na tsaya a bakin shinge na yi dariya har da riƙe ciki. Iya ba ta gani ba, ta rasu da bazara.

Lauya bai ma zo ya duba ba. Ya sa aka sayar da gonar, yayana Sale ya saya yana murnar gadonmu ya dawo gida. Shekara da shekaru yake cirar wuta-wuta, tana dawowa. Duk zuwana sai ya tsine wa wanda ya kawo ta, ni kuwa in ce amin.

Yanzu babu inuwa a wurin, yarana ma a kasuwa suka san ɗorawa. Har yau ban yafe wa Lauya ba. Amma shi rana ɗaya ya yi tasa ɓarnar, tawa ce ke fitowa duk damina.