Labulen Falon Attajiri

Yana tsaye a shagon yadi, dogon mutum mai furfura, da busasshen fenti a gefen faratansa. Riƙe yake da wani ƙyalle ruwan ƙasa mai zanen furanni, yana kara shi da kowane bandir yana girgiza kai.

Sana'arsa tsara ɗakunan da ake ɗaukar fim a ciki. Falon attajirin nan na shirin da ake nunawa duk mako, shi ya haɗa shi da katako tun 'yarsa tana goye, ga shi yau tana sakandare. Jiya fitila ta ƙone labulen falon, kuma dole a samo irinsa sak, don masu kallo sun san shi fiye da na gidajensu.

"Ɗana, an daina yin wannan," in ji dattijon da ke da shagon. "Kuma tsakani da Allah, muni gare shi. Wa ya zaɓa muku?"

"Ni ne, Baba, a gurguje. Ce mini aka yi shirin ba zai kai shekara ba."

Hannunsa ya sauka kan wani shuɗin yadi. Yana shafa shi a hankali, wataƙila yana hango ɗakin da ya daɗe yana ginawa a ransa, wanda ba a taɓa neman ya gina ba.

"In yanka maka?"

Ya janye hannunsa.

"A'a, Baba. Yanko mini fari. Ni zan zauna in sake zana munin da hannuna."