Goron Tsakar Gidanmu

Kakanninmu fataken goro ne, shi ya sa Baba ya dasa itacen goro guda ɗaya a gidanmu na Djougou, kusa da rijiya. Shekarar da abokina ya buɗe gareji a Albarika, can Parakou, ya kira ni mu yi aiki tare, sai na durƙusa gaban Baba na nemi izini. Lokacin Inna ta rasu, yayyena sun watse, ƙafafun Baba kuma sun fara ƙi.

"Ka bari goron nan ya haihu in ci ɗansa," in ji shi, "sai ka tafi da albarkata."

Na ce to da sauri, don itacen ya riga ya wuce katanga.

Shekara huɗu ina bauta wa itace. Na ba shi ruwa, na ɗauko masa taki a babur tun daga Sérou. Kowace shekara sai ya cika da furanni farare masu ja a ciki, in yi ta leƙe kamar mai jiran naƙuda, su bushe su zube, in share. Abokina ya gaji da kira. Na tsani itacen nan, ranar da raina ya ɓaci har harbinsa nakan yi.

Wani hutu ɗiyar kawuna mai karatun noma a Parakou ta zo gaishe mu. Ta tsinki fure ta duba, ta tambaya ko akwai wani goron a unguwa. Na ce babu.

"Kai, Yaya! Irin wannan da wuya ya haihu shi kaɗai. Sai ƙwari sun kawo masa garin fure daga wani goron. To, ka yi ta ban ruwa har ka tsufa."

Ta yi dariya. Na wuce zaure, na tarar da Baba a kan buzu, na faɗa masa duk abin da ta ce.

Bai ɗago ba.

"Ni da na tashi cikin goro? Na sani."

Na tsaya ina kallonsa. Sai aka kira la'asar, ya miƙo hannu in tashe shi. Na kama shi. Ya fi bara sauƙin ɗauka.