Bip Ɗin Juma'a

Madawa

Ƙarfe biyar da rabi na asuba na shiga motar Buza. Shekara uku rabona da Kawu Isa, wanda ya rene ni. Amma muna da tsarinmu: kowace Juma'a in yi masa bip, wato in kira in katse, shi ma ya mayar, ma'ana kowa lafiya. Da yake yatsunsa sun yi nauyi, in ya mayar ni nake katse masa, kar katinsa ya ƙone.

Wani malamin lakwal, wato makarantar boko, a gefena yana kallon fim ɗin Japan a salula. Na leƙa: mace ita kaɗai a ɗaki, waya na ta kuka har ta ɗauka, mai kiran kuwa ya daɗe da mutuwa.

Na tambaye shi da laƙabin da muke kiran malaman lakwal: "Mushe, mi fatalwa ka biɗa cikin talho?"

"Kewa ta. Can ko masu rai ba su zuwa ganin juna."

Na ƙyalƙyale da dariya. "Mu Adarawa Allah ya raba mu da wannan, muna da zumunci."

Buza

Bakwai da kwata jandarmomi suka duba takardunmu a bakin gari. Na ci ƙosai a tasha, na saya wa Kawu goro da sukari, na hau kabu-kabu ta hanyar Keita. Awa guda muna hawa da gangara cikin duwatsu.

Ƙauyenmu

Na tarar da ɗakin Kawu a rufe. Maƙwabciyarsa, tsohuwa Inna Hajo, ta fito ta daɗe tana dubana.

"Inna, ina Kawu?"

"Yau kwana ashirin da munka bizne shi."

"Haba Inna! Ko Juma'ar nan ya yi min bip!"

Ta kwance bakin zanenta, ta fito da wayarsa.

"Ba bip na ba, ɗana. Tun shina kwance nika kira in hwaɗa ma, kai ka katsewa. Wata biyu shina tambaya ko ka ɗauka."

Kunya da baƙin ciki suka rufe ni. Fatalwar fim ma ana ɗaukar kiranta. Na je kabari, na bar wa Inna goron, ita kuma ta ba ni wayar Kawu.

Gida

Da magariba na iso Madawa. Na gode Allah da ya dawo da ni lafiya, na gode wa Inna Hajo da ba ta zage ni ba. Da Juma'a ta zagayo, hannuna ya danna lambar da kansa. Wayar Kawu ta yi ta kuka a aljihuna, wannan karon ban katse ba.