Shekarar da Na Shayar da Kaza

A ƙauyenmu, kusa da Dumega, ba a taɓa sabon hatsi sai an shayar da Kaza. Ba kazar gida ba, Kaza da 'ya'yanta, taurarin nan da ke cure wuri ɗaya. Idan zangarniya ta nuna, tsohuwar gida ce ke ɗaukar ƙwaryar ruwa kafin asuba, ta kai tsakiyar gona, ta zauna ta jira har Kaza ta sauko cikin ruwan. Sama ba a ɗaga mata kai, rashin kunya ne. In ta gani, sai ta yayyafa ruwan a kan kara, sannan a sa wuƙa. A gidanmu aikin kakata ne, uwar babana, wadda muke kira Iya.

Shekara biyu ko uku ke nan da Nasara suka sauke tutarsu. Ni kuwa na dawo daga lakwal, wato makarantar boko, ta Dogon Dutsi da kaina cike da iska, ina ganin duk abin da ba a rubuta a allo ba shirme ne. Rumbunmu ya yi ƙasa, tuwo sau ɗaya a rana, ga tsuntsaye sun sauka a gona suna ci son ransu. Asuba uku Iya tana fita ita kaɗai, tana dawowa ta ce gajimare ne. Wallahi ni ban ga gajimaren ba.

Babana ya daɗe yana neman hanyar yar da al'adar, tun da ya fara zama gaban malam. A rana ta uku ya durƙusa a ƙofar ɗakinta.

"Iya, gobe zan yanka, an gani ko ba a gani ba. In na yanka haka, shi ke nan, ba a sake wannan abu a gidan ga."

Da ya tafi ta kira ni, ta ce gobe ni zan ɗaukar mata ƙwarya, wai kafaɗarta na ciwo. Na turo baki, amma wa ya isa ya ce wa Iya a'a.

Muka fita raɓa na zuba. Kara ya fi mu tsawo, yana shafar fuska, ƙamshin hatsi ya cika hanci har cikina ya yi ƙara. Iya na bayana, hannunta a kan kafaɗata. A gindin gawon tsakiyar gona ta yi wa Doguwa, aljanar wurin, sallama da ƙaramar murya, yadda ake gaida maƙwabciya. Muka ɗan matsa fili, muka zauna, ƙwarya a cinyata.

"Ɗiyata, duba. Mi kika gani?"

"Ai ke ce mai dubawa, Iya."

"Na ce ki duba."

Na duba, ruwa sai rawa yake. Raina ya ɓaci, na fara ɗaga kai, tunda ga abu can a fili. Ban san yadda ta sani ba, sai tafin hannunta na ji a ƙeyata.

"Ruwan bai da laifi, ke ce kike motsi. Zamna."

Na zauna. Na bar tunanin yunwa, na bar tunanin sauron da ke cin ƙafata. Numfashina ya ragu har na fara jin na Iya. A hankali baƙin ruwan ya kwanta, ya yi zurfi kamar rijiya, sai ga ɗigo ɗaya, ga wani kusa da shi, har suka taru su shida suna ƙyafta ido a cinyata. Na rasa inda sama take. Na ji kamar gonar ce ke tafiya da mu a hankali, ni da kara da tsohuwar da duk matan da suka taɓa riƙe wannan ƙwarya. Tsoro ya kama ni, da wani daɗi da ban taɓa ji ba, hawaye suka zubo, ni da ban iya kuka ba.

"Sun zo, Iya. Suna sha."

Ta sauke dogon numfashi. Sannan ta faɗa mini. Tun bara idonta ya rufe, inuwa kawai take gani. Bara ta ce ta gani, ƙarya ta yi, kuma shekara guda duk lomar da muka kai baki gabanta na faɗuwa. Bana ta kasa maimaitawa.

Na ce mata ba wanda zai ji daga bakina, ta je ta ce ita ta gani. Ta yi dariya, ta ce in yayyafa ruwa in bar surutu.

Gari na wayewa babana ya iso da mazan gida, kowa da wuƙarsa. Ya tsaya a bakin gona.

"Iya, kin gani?"

"Ban gani ba," in ji ta, da ƙarfi yadda kowa zai ji. "Ba ni kuma sake gani. Ɗiyarka ta gani."

Babana ya dubi idanun uwarsa, ya daɗe yana dubawa, kamar ranar ya fara ganinsu. Na zaci zai ce ai magana ta ƙare. Sai ya juya wuƙarsa, ya miƙo mini ƙotar. Na yanki zangarniyar farko, na sa wa Iya a hannu, ta shafa ta tun daga gindi har kai.

Aka shiga yanka, aka hura wutar tumu a gefe. Iya ta ce ta gaji, a kai ta gida. Ta miƙo hannu a fili, gaban 'ya'yanta da surukanta, ba ta ce kafaɗa na ciwo ba. Na kama, muka bi ta tsakiyar gari, ina faɗa mata inda rami yake.