Rigar Janar

Lokacin da nake aikin jinya a Dubai, an tura ni kula da wani tsoho ɗan Poland, janar mai ritaya da ke zaune gidan 'yarsa. Kullum daga unguwar Abu Hail nake zuwa. Shanyewar ɓarin jiki ce ta zaunar da shi, amma kansa garau yake.

Yana da rigar soja a kabad, ƙirjinta cike da lambobin yabo, nauyinta kamar jiƙaƙƙen bargo. In ina yi masa aski sai ya yi ta ba ni labarinsu da guntun Turancinsa: wannan tun yana ƙaramin hafsa, wannan ta harsashin da ya sha a cinya, mai kama da gicciyen kuwa ta ranar da ya fito da sojojinsa daga wani kwari, bai bar ko gawa a baya ba. Ni da ko sara wa mutum ban iya ba, sai da na haddace su.

Mijin 'yar dillalin gidaje ne, irin mutanen da za su sayar maka da inuwar bishiya. Duk Asabar yakan gayyato masu saye cin abincin rana, sai a ce in shirya Janar. In sa masa rigar, in tura kekensa bakin tebur, baƙi su yi ta hoto da shi. Talla ake yi da shi, kuma ya sani. Amma ranar kaɗai yake barin ɗakinsa ya ga mutane, shi ya sa tun Alhamis yake tambayata ko an goge lambobin.

Wata Asabar ana tsakiyar ci, fitsari ya kuɓuce masa. Na ga ya runtse ido. Na matso, surukin ya tare ni yana murmushi, ya ce in fara cire rigar kada ta ɓaci. A gaban jama'a na cire. Ya rataye ta a kujera, na tura tsohon ciki da singileti. Da na waiwaya, wani baƙo ya riga ya zura hannu cikinta, ana dariya ana ɗaukar hoto.

Asabar ta gaba na yi masa aski, na taje masa kai, na buɗe kabad, babu riga. A kicin na sami mai girkin gidan, wata dattijuwa 'yar Zongon Kumasi.

"Mama, ina rigar Janar?"

"Oga ya ɗauka tun safe, 'yata. Ya ce khalas, shi ke nan, rigar ta wadatar. Ita ba ta tari, ba ta fitsari."

Raina ya ɓaci. Ban taɓa tsanar wani kamar yadda na tsani surukin nan ranar ba.

Na koma ɗaki. Tsohon ya miƙe wuya yana sauraren ƙarar cokula.

"Baƙin sun iso?" ya tambaye ni.

Na ce sun iso.

Ya gyara kwalar rigar barcinsa da hannunsa mai lafiya, ya ce mu jira, za a aiko. Muka jira har aka kwashe kwanuka.